Me ya sa jarumar The Blair Witch Project ba ta ci moriyar fim ɗin da aka tallata da fuskarta ba?

Ɗalibar Wasa ta rubuta:

Assalamu alaikum, jama'ar wannan zaure. Ina karatun wasan kwaikwayo ne, kuma a makon jiya wani malaminmu ya sa muka kalli The Blair Witch Project, fim ɗin ban tsoro na Amurka da ya fito a 1999, wanda aka tsara shi tamkar kaset ne da aka tsinta a daji bayan ɓacewar wasu ɗalibai uku da suka tafi ɗaukar shirin gaskiya a kan labarin wata mayya. Abin da ya tsaya mini a rai shi ne wurin da Heather Donahue ta juyo da kyamara zuwa fuskarta a cikin duhun tanti, ga hawaye ga majina, tana neman gafarar iyayen abokan tafiyarta saboda ita ce ta jawo su cikin wannan hali. Ban taɓa ganin ɗan wasan da ya nuna tsoro har na manta cewa wasa yake yi kamar yadda ta nuna a wannan wuri ba.

Da na koma na duba abin da ta yi bayan wannan fim sai na tarar bai taka kara ya karya ba, har ma ta bar harkar gaba ɗaya. Tambayata ita ce: ta yaya mutum zai ja ragamar fim ɗin da duniya ta yi ta magana a kansa, amma sana'arsa ta ƙi gaba? Laifin salon ne, ko laifin yarjejeniyar da 'yan wasan suka sanya wa hannu, ko kuwa rabo ne kawai? Ina da dalilin tambaya, domin wasu abokan karatuna suna shirya ɗan gajeren fim a kan wannan salo, sun ba ni babban matsayi, kuma sun ce kowa zai fito da sunansa na gaskiya.

Malam Mai Nazari ya rubuta:

Wa alaikumus salam, Malama. Tambayarki tana da kyau, kuma amsarta tana cikin yadda aka haɗa fim ɗin da yadda aka sayar da shi, don haka ki yi haƙuri da ni zan ɗan tsawaita.

Daraktoci biyu, Daniel Myrick da Eduardo Sánchez, su ne suka shirya shi, kuma ba su rubuta maganganun da 'yan wasa za su furta ba. Abin da suke da shi tsarin labari ne mai shafi 35, sauran kuma aka bar wa 'yan wasan su ƙirƙira a take. An ɗauki fim ɗin cikin kwana takwas a watan Oktoba na 1997, mafi yawansa a dajin Seneca Creek da ke jihar Maryland, da ɗan wani sashe a ƙauyen Burkittsville. Su ukun, wato Heather Donahue da Joshua Leonard da Michael Williams, su ne suka riƙe kyamarori da na'urar ɗaukar sauti da hannunsu: kyamarar bidiyo ta Hi8 mai kala, da kuma ta fim mai faɗin milimita 16 wadda take ɗauka baƙi da fari. Ana ba su na'urar GPS su bi ta zuwa wani wuri inda za su tarar da saƙon kowa a cikin ɗan gwangwanin fim, kowanne ya karanta nasa ba tare da ya nuna wa sauran ba. Ana rage musu abinci kullum domin yunwa da gajiya su fito a fuskarsu, da dare kuma ma'aikatan fim su zagayo su girgiza tantin ko su kunna muryoyin yara a cikin duhu. Daga kusan awa 20 da suka ɗauko aka tace fim ɗin da bai kai awa ɗaya da rabi ba. Ma'ana dai, waɗannan mutum uku su ne 'yan wasa, su ne masu ɗaukar hoto, kuma a zahiri su ne marubutan mafi yawan abin da kunnenki ya ji.

Matsalar ta fara ne daga talla. An nuna fim ɗin a bikin finafinai na Sundance a watan Janairu na 1999, kamfanin Artisan ya saye shi a kan kuɗi kimanin dala miliyan 1.1, kuma dabarar da aka ɗora tallan a kai ita ce a sa jama'a su yi zaton da gaske mutanen nan sun ɓace. An buɗe shafin intanet mai ɗauke da rahotannin 'yan sanda na ƙarya da hirarraki da dangi na ƙarya, an raba takardun cigiya masu hotunansu, har shafin IMDb mai tattara bayanan finafinai ya rubuta cewa sun ɓace kuma ana kyautata zaton sun mutu. Mahaifiyar Heather har katunan ta'aziyya ta samu daga mutanen da suka gaskata labarin. To, ki duba abin da wannan yake nufi ga ɗan wasa. Lokacin da ya kamata ya yi ta yawon hira da 'yan jarida, furodusoshi su san fuskarsa su riƙe sunansa, shi ne lokacin da aka ce ya ɓuya domin ana tallata mutuwarsa. Kafin a sake su su bayyana, mutane da yawa sun riga sun yanke hukuncin cewa ba wasa suka yi ba, tsoro ne na gaske aka ba su, kyamara kuma ta ɗauka. Idan mai kallo ya ce ba wasa ba ne, to ya yabi fim ɗin, amma ya zare ɗan wasan daga cikin yabon.

Wannan dabara ba su suka fara ta ba. A 1980 darakta ɗan Italiya Ruggero Deodato ya sa 'yan wasan fim ɗinsa Cannibal Holocaust sun amince su ɓace wa kafafen watsa labarai na tsawon shekara guda, abin da ya kai shi ga fuskantar zargin cewa kashe su ya yi, sai da ya fito da su a raye kafin ya tsira. Bambancin shi ne a 1999 akwai intanet, kuma ƙaryar ta yaɗu fiye da yadda kowa ya zata.

Fim ɗin da aka kashe wa kimanin dala dubu 35 zuwa 60 wajen ɗauka ya tara kusan dala miliyan 250 a sinimomin duniya. Su kuwa 'yan wasan, kamar yadda suka bayyana daga baya, lokacin da kuɗin ya haura dala miliyan 100 kwandon 'ya'yan itatuwa aka aika wa kowannensu. Williams yana ci gaba da aikin dakon kayan ɗaki, Leonard yana aikin raba abinci a wuraren biki, ita kuma Heather ta ba da labarin ranar da tsohuwar motarta ta mutu a ƙarƙashin allon talla mai ɗauke da fuskarta. Sa'annan ga batun suna, wanda shi ne ya shafe ki kai tsaye. Da yake sun fito da sunayensu na yanka, sai sunayen suka zama na jaruman cikin labari, labarin kuma mallakar kamfani ne. Da aka yi fim na biyu a shekarar 2000 aka yi amfani da sunayensu da kamanninsu, sai suka kai ƙara, aka sasanta a 2004 a kan kimanin dala dubu 300 ga kowannensu. A ganina, salon da kansa yana cin ɗan wasa, domin nasararsa ta dogara ne a kan ɓoye gwanintar wanda ya yi shi.

Maman Ilham ta rubuta:

Malam Mai Nazari ya kawo bayani mai gamsarwa, Allah ya ƙara sani, amma ina da ja a kan hukuncin da ya yanke a ƙarshe. Idan salon ne yake kashe sana'a, to ya kamata ya kashe ta ga duk wanda ya shiga, alhali ba haka abin ya kasance ba. Joshua Leonard, wanda ya kwana a tanti ɗaya da Heather, ya ci gaba da fitowa a finafinai sama da shekara ashirin. Ya samu yabo a Humpday na 2009, ya ba da umarnin fim nasa na kansa, kuma Steven Soderbergh ya ba shi matsayin mugu a Unsane na 2018. Bai zama babban tauraro ba, amma ya ci abinci da sana'arsa, wanda shi ne burin mafi yawan 'yan wasa.

Sa'annan a duba Katie Featherston ta Paranormal Activity, wani fim mai irin wannan salo. Oren Peli ya ɗauki wannan fim a gidansa da ke San Diego cikin mako guda a 2006, a kan kuɗi kimanin dala dubu 15, kuma dala 500 aka fara biyan ta, haka shi ma abokin wasanta Micah Sloat. Ita ma da sunanta na farko ta fito. Da kamfanin Paramount ya saki fim ɗin a 2009 ya tara sama da dala miliyan 190. Abin da ya raba ta da Heather shi ne labarin bai kashe ta ba, aljani ne ya shige ta, don haka duk lokacin da za a yi ci gaba sai an neme ta, ta dawo a na biyu da na uku da na huɗu. Wanda ba a iya yin fim sai da shi yana da bakin ciniki. Wadda aka kashe a ƙarshen labari, aka kuma riƙe sunanta, ba ta da abin da za ta ɗora a kan tebur.

Akwai kuma abin da ban ji Malam ya taɓo ba, wanda a wurina shi ne mafi ciwo. A cikin labarin, Heather ce shugabar tafiya, ita ce mai taurin kai da ta ƙi ajiye kyamara, ita ce ake ɗora wa laifin ɓata a daji. Masu kallo da yawa sun tsani wannan hali, kuma da yake sunan jarumar shi ne sunan 'yar wasan, sai tsanar ta zarce kanta kai tsaye ba tare da wani shamaki ba. A shekarar 2000 aka ba ta lambar Razzie ta 'yar wasan da ta fi kowa rashin iyawa, a kan wasan da Malama ɗaliba take cewa ya sa ta manta cewa wasa ake yi. Wurin kukan nan ya zama abin kwaikwayo na barkwanci a talabijin da finafinai har aka gaji. Maza biyun ba su sha irin wannan ba. Duk da haka ta yi ƙoƙari, ta fito a Boys and Girls a 2000, ta samu matsayi mai kyau a Taken, shirin talabijin na 2002 da Steven Spielberg ya jagoranci shiryawa, amma a 2008 ta tattara ta bar harkar, ta koma noman tabar wiwi ta magani a jihar Kalifoniya inda doka ta halatta hakan, ta rubuta littafi a kan wannan rayuwa wanda ya fito a 2012, daga baya ma ta sauya sunanta zuwa Rei Hance. Mutum ya kai ga ajiye sunan da iyayensa suka raɗa masa, ai ba ƙaramin abu ne ya kai shi can ba.

A nan gida mun saba da akasin haka, inda sunan wasa yake haɗiye na yanka, kamar yadda mutane da dama ba su san marigayi Rabilu Musa da wani suna ba sai Ibro. Wannan ma yana da nasa nauyin, amma aƙalla mutum yana da wani suna da zai koma gida da shi.

Baban Khalifa ya rubuta:

Ni aikina tace hoto ne da haɗa sauti, don haka zan yi magana ne daga inda nake zaune, wato gaban kwamfuta. Ina so in gyara wani zato da yake yawo, cewa a irin wannan fim ba a buƙatar gwaninta, tsoratar da mutum kawai za a yi a ɗauka. Duk wanda ya taɓa zama ya kalli ɗanyen hoto na awa goma zai gaya muku cewa tsoro na gaske ba ya kallo. Mutumin da ya firgita da gaske yakan saki kyamara ta kalli ƙasa, ko ya yi dariya, ko ya kira sunan darakta, ko ya yi shiru ƙus. Babu ɗaya daga cikin waɗannan da zai yi wa mai tacewa amfani. Abin da ake buƙata shi ne wanda zai ji tsoron, ya kuma tuna a lokaci guda cewa akwai labarin da ake ginawa, akwai bayanin da dole ya fito daga bakinsa kafin batir ya mutu, akwai kuma inda hasken tocila ya kamata ya faɗa. Su ukun nan sun san sarai cewa ma'aikata ne suke girgiza tantin, har suna da kalmar da suke furtawa idan suna so su fita daga wasa su yi magana ta gaskiya a tsakaninsu. Wanda yake da kalmar fita daga wasa, ai wasa yake yi.

Wurin kukan da Malama ta ambata kuwa, Heather ce ta ɗauki kanta, ita kaɗai, kuma kusancin da ya sa ido da hanci kaɗai suka cika allo ba da gangan ta yi ba, ba ta san ta jawo hoton kusa haka ba. Kuskuren hannu ne ya haifar da hoton da aka buga a jikin fasta, amma abin da ke cikin idon ba kuskure ba ne.

Shekarun baya na yi aiki da wasu matasa da suka shirya ɗan fim a kan wani kango da ake cewa akwai aljanu a cikinsa, suka ɗauke shi kamar shirin bincike na gaskiya. Wata yarinya ce ta ja ragama, kuma ta fito da sunanta da sunan unguwarsu. A wurin da take faɗuwa tana shure-shure, ni na san sau huɗu aka ɗauka, domin guntayen huɗun suna jere a kan allona, a na biyu ma takalminta ne ya cire ta tashi tana dariya. Da fim ɗin ya fita sai wani ya yanke daƙiƙa arba'in ɗin nan ya watsa a WhatsApp ba tare da sunan fim ko jerin ma'aikata ba. Kafin mako ya zagayo, 'yan'uwa suna zuwa gidansu jaje, wasu na kawo rubutu da turaren hayaƙi, wata goggonta kuma ta dage sai an kai ta wurin mai ruƙiyya. Ta yi ta bayani cewa wasa ne, amma wanda ya ga bidiyon ya fi yarda da idonsa. Ba ta sake fitowa a wani fim ba, kuma abin da aka sallame ta da shi bai wuce kuɗin mota da na abinci ba.

Shirye-shiryen farautar fatalwa na talabijin ɗin Amurka, irin su Ghost Hunters da ya fara a 2004 da Ghost Adventures da ya biyo baya a 2008, sun ɗan sha bamban, domin masu gabatarwar suna cewa su masu bincike ne, sunansu kuma shi ne jarinsu. Amma su ma akwai 'yan wasan da ake haya su kwaikwayi abin da shaidu suka ce ya faru, waɗanda fuskarsu take fitowa a dishi-dishi, sunansu kuma ya wuce da gudu a ƙarshen shiri. Irin wannan aiki yana biyan kuɗin haya, sai dai da wuya ya gina suna.

Ɗalibar Wasa ta rubuta:

Na gode ƙwarai, Allah ya saka da alheri. Labarin da Baban Khalifa ya bayar ya sa jikina ya yi sanyi, domin namu fim ɗin ma a wani tsohon gida za a ɗauka, kuma akwai wurin faɗuwa. Abin da ban gane ba shi ne matsayin 'yan wasan uku a yau. Tunda an sasanta a 2004, shi ke nan magana ta ƙare, ko akwai sauran abin da suke bi?

Malam Mai Nazari ya rubuta:

Maganar ba ta ƙare a 2004 ba, Malama. Kamfanin Lionsgate ya sayi Artisan a 2003, da shi kuma ya gaji fim ɗin, ya fitar da wani ci gaba a 2016 wanda labarinsa ya ginu a kan ƙanin Heather da ya shiga dajin neman yayarsa. A watan Afrilu na 2024 aka sanar cewa Lionsgate da kamfanin shirya finafinai na Blumhouse za su sake farfaɗo da shi, kuma 'yan wasan sun ce ba a tuntuɓe su ba. Sai su ukun suka fitar da buɗaɗɗiyar wasiƙa mai buƙatu uku: a biya su kason da ya kamata su riƙa samu daga ci gaba da nuna fim ɗin, na baya da na gaba, daidai da abin da ƙungiyar 'yan wasa ta SAG-AFTRA take tanada wa mambobinta, a riƙa shawara da su a duk wani sabon aiki da zai taɓa sunansu ko kamanninsu, a kuma kafa tallafin dala dubu 60 duk shekara ga wani sabon mai shirya fim da zai yi aikinsa na farko. Daraktocin biyu da furodusoshin asali sun fito fili sun goyi bayansu. Tushen buƙata ta farko shi ne a 1997 su matasa ne 'yan shekara ashirin da ɗoriya, ba su da ƙungiya a bayansu, ba su da lauyan da ya san harkar, kuma ba wanda ya yi tsammanin fim ɗin zai wuce 'yan kaset na haya. Shi Williams daga baya aikin ba ɗalibai shawara ya kama a makaranta, yana kuma koyar da wasa.

Na karɓi gyaran Maman Ilham a kan Leonard da Featherston, sai dai har yanzu ina ganin salon yana ƙara wa ɗan wasa wani haɗari da babu shi a fim na yau da kullum. Game da naki aikin, da ni ne ke da na nemi a canza sunan, ko da harafi biyu ne, domin mai kallon da bai san ki ba babu abin da zai ragu a tsoronsa don an kira ki da wani suna. Da na nemi a rubuta a takarda, ko da shafi ɗaya ce, nawa za a ba ni yanzu, wane kaso zan samu idan fim ɗin ya kawo kuɗi a YouTube ko wani ya saye shi, da kuma cewa ba za a tallata shi a matsayin abin da ya faru da gaske ba sai da amincewata. Idan kuma ke za ki riƙe kyamara ko ki ƙirƙiri maganganunki, a sa sunanki a jerin masu ɗaukar hoto da marubuta. Su abokan karatunki ne, yanzu da babu ko sisi a tsakani za su sa hannu suna dariya.

Baban Khalifa ya rubuta:

Ƙari ɗaya daga ɓangarena: ki roƙi mai tacewa ya ajiye miki guntayen da aka yi kuskure a wurin faɗuwar, musamman inda ake jin muryar darakta yana cewa a sake, ki adana su a wayarki tun kafin fim ɗin ya fita. Yarinyar da na ba da labarinta ta zo nemansu wurina bayan wata biyu, lokacin kuwa na riga na goge su don in samu wurin wani aiki.